A Mayar wa Apolonia Grzelak da Sunanta

Mai girma shugaban taro, Pan (wato Malam) Ratajczak. 'Yan kwamitin bikin fina-finai. Tsofaffin ma'aikatan masaƙun Łódź. Pani (wato Malama) Stefania, ƙanwar marigayiya Apolonia. Jama'a maza da mata, ina gaishe ku, ina kuma godiya da kuka ba ni dama.

Jiya kwamitin ya yanke shawarar sake nuna fim ɗin mata masaƙa da aka gyara, da sunan Bogumił Karwat a gurbin marubuci. Sunan Apolonia Grzelak ba zai fito ba.

Na farko, kowa a zauren nan ya san wadda ta rubuta shi. A 1968 aka haramta buga sunanta, domin ta sa hannu a wata takardar koke. Pani Stefania na zuba shayi a kicin ranar da Apolonia ta ce wa abokinta Karwat, "Bogusiu, ara mini sunanka." Ya ce, "Ɗauki, Polu, ni ma ba abin da yake tsinana mini. Amma ki dawo da shi a wanke." Ta ce, "Ai sai ya fi yadda ka ba ni tsabta." Aro ne, jama'a. Da aka ɗage haramcin, shi ya riƙe labarin, ya riƙe lambar yabo, ya daina ɗaga waya.

Na biyu, ku tuna wurin nan a fim ɗin da mata biyu ke faɗa a tsakanin injuna, ƙarar injunan ta hana a ji muryarsu, kowacce na karanta leɓen 'yar'uwarta. Shekara tara Apolonia ta yi a masaƙa kafin ta riƙe alƙalami, har kunnenta na hagu ya mutu. Karwat sau ɗaya ya shiga, da auduga a kunne, ya fito bayan minti goma. Ina wurin, jaridarmu ce ta aike ni.

Kwamiti ya ce ƙa'idar gyara ita ce ba a taɓa ko hoto ɗaya. To, kun goge tabo, kun goge ƙura, kun gyara sauti. Ƙaryar ce kaɗai kuka ga ta cancanci adanawa? Wanda ya cire sunan nan ma'aikacin tace labarai ne. Gwamnatinsa ta faɗi tuntuni, ku kuma kuna cika masa aikinsa kyauta.

Pani Stefania shekararta casa'in da ɗaya. Ta ce mini, "Pan edita, ni ba mutum-mutumi nake nema ba. Sunanta kawai, daƙiƙa huɗu a allo, in karanta da idona."

Allah ya ji ƙan Apolonia, ya ƙara wa ƙanwarta kwana, ya ba kwamitin nan kunya, ya mayar da kowa gida lafiya.

Ɗiyar Karwat ta kira ni da safen nan, ta ce ta ga wata wasiƙa da mahaifinta ya amsa komai a ciki, kuma za ta kawo ta ran Litinin. Ban ga wasiƙar ba tukuna. Ran Talata ake rufe jerin sunayen da za su fito a fim ɗin.

Na gode.