Fim Ɗin da Ke Kama Malalata

A ɗakin jiran jirgin ƙasa na Kassel, wani dattijo ya leƙa takardun jarrabawar da matar gefensa take dubawa. Ni dai na kasa kunne.

"Malama, me wannan ya yi kika wanke shi da jan biro?"

"Ya rubuta cewa Kaspar ya fasa faɗawa kogi. A littafi nutsewa ya yi. A fim ɗin Ostertag ne kaɗai ya rayu. Duk ɗalibin da ya ceci Kaspar, na san bai buɗe littafin ba."

"Wato fim ɗin tarko ne."

"Amfaninsa ke nan, Baba."

"Ni ne Ostertag. Na tsufa ina gaya wa 'yan jarida cewa tausayin ɗan Adam ne ya sa na bar shi da rai. Ɗan wasan ne ya ƙi shiga ruwan sanyi."

Ta dafe baki. "Ka gafarce ni, ranka ya daɗe."

"Bar wannan. Bana nawa na kama miki?"

"Fiye da rabin aji."

Ya gyara wuyan rigarsa. "Madalla. Ashe har yanzu ana kallona."