Jar Hular Eilif

"Ba zan cire ba," in ji dattijon da ke gabana a gidan sinima na birnin Bergen.

"Haba Baba, hularka ta tare mana allo!" in ji matar da ke gefena. Ta leƙa fuskarsa. "Tsaya! Ba kai ne Eilif na fim ba?"

"Ni ne. Jamusawa ma da bindigarsu, lokacin da suka ci ƙasarmu da yaƙi, sun ce in cire jar hular 'yan kishin ƙasa, in yi musu wasan kwaikwayo. Na ƙi, balle ke."

"Suka ƙyale ka?"

"Ina! Gyaran kifi na koma har yaƙi ya ƙare."

"Ai ka dawo fim."

Ya ƙyalƙyale da dariya. "Na tafi ina fitowa a matsayin ango, 'yata. Yanzu uban amarya suke ba ni."