Mai Farar Riga a Bakin Ƙofa

A ɗakin jira na wani asibiti a Deira, can ƙasar Larabawa, Hajiya Sauda ta leƙa wayar budurwar da ke gefenta.

"Ke 'yan mata, me kike karantawa har da murmushi a irin wurin nan?"

"Fassarar labarin soyayya ne na harshen Kannada, Hajiya, can kudancin Indiya. Suruka ce ta zaunar da mijin 'yarta, tana zuba masa abinci yana gaya mata damuwarsa."

"Tir! Ido cikin ido? Kin ga mai farar riga a bakin ƙofa? Mijin 'yata ne. Tun safe bai ɗago ya kalle ni ba. Tarbiyya ke nan."

"Ina 'yar taki?"

"Tana ciki. Haihuwa ce ta zo da gardama."

"Me likita ya ce?"

"Shi aka gaya wa, da Turanci."

"Kuma ba ki tambaye shi ba?"

"Maganar haihuwa, ni da surukina? Ke dai taimaka ki jiyo min."

"Wallahi ba zan je ba, Hajiya. Dube shi can a tsaye. Shi kaɗai ya ɗauki abin nan, ke kina zaune kina yabon tarbiyya."

"Ke yarinya, kiyaye harshenki!"

Carbin Hajiya ya tsaya a hannunta. Ta dubi ƙofar da aka shiga da 'yarta, har yanzu a rufe. Sai ta miƙe.

"Badaru," ta kira surukin nata. "Zo nan, ɗana. Ɗago kanka ka gaya min."