Saura Wata Biyu Baba Ya Yi Ritaya

A tashar motar Sambalpur, Digambar ya miƙa wa wata tsohuwa kwalin alewar laddu, bakinsa ya ƙi rufuwa don murna.

"Ɗauki biyu, Inna! Na samu aikin gwamnati, a ofishin ruwa!"

"Kai, madalla! Jarrabawa ka ci?"

"Ina! Gurbin babana aka ba ni. Yana bakin aiki ya rasu, saura wata biyu ya yi ritaya. Da ya haura wata biyun nan, shi ke nan, mun tashi a tutar babu!"

Tsohuwar ta daina tauna.

"Au, murnar ke nan, ɗan nan?"

Digambar ya rufe kwalin a hankali.

"Shi da kansa ya yi ta duba kalanda a gadon asibiti, Inna. Shi ya ce in raba alewa."