Allurar Baleyara

Maidoki: Alo? Ɗandije? Kai na?

Ɗandije: Ni na, Kawu. Ina wuni?

Maidoki: Lahiya lau. Ina gajiyar hanya?

Ɗandije: Babu gajiya. Ina mutanen Tabla? Ina Inna Kande da ƙahwa?

Maidoki: Da sauƙi. Ina Indo?

Ɗandije: Tana lahiya. An gama yankan hatsi?

Maidoki: Mun gode Allah. Kai, kokowa saura mako guda, an ce mini an gane ka Yamai. Mi ya kai ka?

Ɗandije: Asibiti, Kawu. Analiz na yi.

Maidoki: Wa? Alhaji wa?

Ɗandije: Analiz! Awon jini!

Maidoki: Subhanallahi! Ciwon mi?

Ɗandije: Ka san shekarun da munka yi da Indo babu ko ɓari. Kowa ita yake kallo. An kai ta wurin malam, an kai ta wurin 'yan bori, ta sha saiwa har ta rame. To, likitoci sun auna ta, lahiyarta lau. Ni na da matsala.

Maidoki: Kai? Kai da ka kada maza har Filinge? Wane likita ya hwaɗi haka?

Ɗandije: Ya ce akwai wani abu da jikin namiji ke yi da kansa, testosteron.

Maidoki: Tasha ina? Rezon waya ba shi da kyau, ɗaga murya!

Ɗandije: Testosteron! Shi ke ba namiji ƙarhi da gemu da sha'awa. Shi na cikin allurar nan da kake sawo mini Baleyara.

Maidoki: To madalla! Ashe abin kirki nake ba ka.

Ɗandije: Tsaya in ƙare. Ya ce in ana ɗura na waje, jiki sai ya bar yin nashi, maniyyi kuma ya ƙahe. Nawa ya kusa ƙarewa, Kawu. Ga taramol da nake sha don ciwon baya, shi ma rage shi yake. Ga rashin barci.

Maidoki: Zancen mutanen birni! Mu da munka yi kokowa...

Ɗandije: Ku da hura da nono kunka yi ta. Wa ya taɓa yi maka allura?

Maidoki: Ni kake katsewa? Ni na koya maka kamu tun kana tsirara!

Ɗandije: Ban manta ba. Amma na bari. Likita ya ce in na bi maganinshi, in yi barci, in ci abinci, jiki na iya farfaɗowa. Da sannu, ba yau ba.

Maidoki: Da sannu! Ɗangoma na Tondikandiya zai jira ka? Yaron nan kamar bijimi yake. Allura guda, ta ƙarshe, in an gama ka bari.

Ɗandije: Ko rabi.

Maidoki: Zai kada ka gaban mutanen ƙasar Kurhwai duka!

Ɗandije: Ya kada ni. Zan tashi in kakkaɓe.

Maidoki: To wallahi in ka shiga hili haka, ba ni tsayawa bayanka. Ka nemi mai ɗaura maka laya.

Ɗandije: Zan ɗaura da kaina.

Maidoki: Wagga yarinya ce ta juya ka.

Ɗandije: Babu ruwan Indo. Da likita ya gama magana kuka ta yi, kuma ni ta yi wa, ba kanta ba.

Maidoki: To ji nan. Abin ga ya tsaya tsakaninmu. Kada kowa ya ji. In makaɗa sunka samu labari, ka shiga waƙa har ka mutu.

Ɗandije: A bar ta da sunan juya ke nan?

Maidoki: Mace tana iya ɗauka. Kai suna gare ka.

Ɗandije: Ta ɗauka ya isa. Ka san inda nake tsaye yanzu? Ƙohwar gidan Malam Zakari.

Maidoki: Surukinka? Mi za ka yi can?

Ɗandije: Yana zaure da mutane. Da bakina zan gaya mai ɗiyarshi ba ta da laihi.

Maidoki: Kada ka shiga! Ɗandije! Ka jira ni, ga ni nan bisa moto!

Ɗandije: Salamu alaikum, Baba!

Maidoki: Alo? Alo! Ɗandije!