Sifilin Lauratu

A tashar Kaura muna jiran motar Zurmi ta cika, wani malami na duba takardun jarrabawa a kan gwiwarsa. Wani ɗalibin foliteknik da ke gefensa ya leƙa.

"Gafarta malam, lissafi kake koyarwa?"

"Fiƙihu ne fannina. Malamin lissafi ya koma garinsu, hedimasta ya ce wanda ya iya rabon gado ai lissafi ba zai gagare shi ba."

"To wagga yarinya, Lauratu, mi ta yi ka ba ta sifili?"

"Taurin kai. An ce ɗaya bisa x bai kai biyu ba, a nemo x. Ka ninka kowane gefe da x, sai ka samu x ya wuce rabi. Ita ko ta nace wai duk lambar da ke ƙasa da sifili ma amsa ce. Har a aji na tsawata mata."

"Mu gwada. In x ɗaya ne ƙasa da sifili, ɗaya bisa shi nawa ke nan?"

"Ɗaya ƙasa da sifili."

"Ya kai biyu?"

Malam ya sake duba takardar Lauratu.

"A gado, malam, lambar da ke ƙasan layi kullum sama da sifili take: shida, takwas. Nan ba ka san ta ba. In tana ƙasa da sifili, ninkawa na juya alamar, 'bai kai ba' ta koma 'ya wuce'. Wagga aljabara ce, lissafin haruffa, ba gado ba. Ga jan biro, gyara mata makin."

"Maki mai sauƙi ne, ɗana. Gaban aji na ci haƙƙinta, gaban aji zan biya."