Ranar da Ustaz Hurmuz Ya Rufe Idon Kyamara

Da sunan Allah, Mai rahama, Mai jinƙai. Shugaban taro, malaman makarantar koyon fim, 'yan wasa manya da ƙanana, Hanum Turan matar marigayi, da jama'ar Yazd da kuka cika zauren nan, assalamu alaikum.

Ina godiya da aka tuna da ni. Sunana Jamshid, shekara talatin da ɗaya ina riƙe wa Ustaz Hurmuz Maibudi kyamara, kuma abu biyu zan faɗa a kansa.

Na farko, rubutunsa. Ustaz bai taɓa ƙirƙiro labari yana zaune a ɗaki ba. Sai ya tare a ƙauye wata shida, ya ci burodin mutane, ya sha shayinsu, ya ji yadda suke faɗa da yadda suke shiryawa, sannan ya ɗauki alƙalami.

Na biyu, abin da idona ya gani. Muna ɗaukar fim ɗinsa na huɗu, a kan masu haƙa hanyar ruwa ta ƙarƙashin ƙasa. Jarumin fim ɗin wani tsoho ne mai suna Yadullah, wanda haƙar ce sana'arsa tun yana saurayi. Kullum cikin tsokana suke. Tsohon yakan ce, "Kai da ko ramin dashen rumman ba ka taɓa haƙawa ba, kai za ka koya mini riƙon diga?" Ustaz ya ce, "Baba, kai dai ka daina yi wa kyamara murmushi kamar ango."

Wata safiya ramin ya rufta da Yadullah a ciki. Ƙauye ya ɗauki kururuwa, maza na gudu da igiyoyi, mata na salati. Ni kuwa na ɗaga kyamara, na ce, "Ustaz, ba za mu ƙara samun irin wannan ba!" Ya sa tafin hannunsa ya rufe gilashin, ya ce, "Jamshid, ga 'yarsa can tsaye. Kashe."

Jama'a, mutumin da ko tsani yake tsoron hawa, shi ya ɗaura igiya a ƙugu aka zura shi. Awa huɗu yana tonon ƙasa da hannu, awa huɗu muna jiran gawa biyu. Sai ga su an jawo, tsohon da karaya a ƙafa, amma da ransa. Da ya buɗe ido ya ce, "Kun ɗauka?" Ustaz ya ce a'a. Ya ce, "Kai, wallahi ba ka iya aikinka ba!"

A ramin nan dutse ya murƙushe wa Ustaz yatsun hannun dama, ba su sake lanƙwasuwa ba. Ya koma ya koyi rubutu da hagu yana da shekara arba'in da biyar, kuma da hannun nan ya rubuta fina-finai bakwai da suka biyo baya. Ban taɓa jin ya ba wani ɗan jarida wannan labari ba.

Allah Ya jiƙan Ustaz Hurmuz, Ya haskaka kabarinsa, Ya ba iyalinsa haƙuri, Ya mai da kowa gidansa lafiya. Na gode.